Yatsan Da Lalle Ya Tsallake

Malam Sambo ya yi shekara talatin da biyar yana karanta mitar ruwa a gidajen Kaduna, kuma ritaya ba ta raba shi da son awo ba. Shekara biyu yana zaune a gidansa na Badarawa babu abin aunawa sai tsawon zogalen tsakar gida, har ranar da 'yarsa Jamila, wadda take aikin jinya a wani asibiti a Unguwar Rimi, ta nuna masa yadda ake duba farce.

Abin ba shi da wuya. A ɗaga hannun mutum daidai ƙirjinsa, a danne farcen yatsa na daƙiƙa biyar har ya yi fari, a saki, a ƙirga. In jan ya dawo cikin daƙiƙa biyu, jini yana gudana yadda ya kamata. In ya haura uku, wataƙila ruwan jiki ya yi ƙasa ko jini ba ya isa gaɓoɓi, sai a nemi asibiti. Jamila ta ƙara da cewa wannan alama ɗaya ce kawai, a haɗa ta da bushewar baki, da faɗawar ido, da ƙarancin fitsari. Malam Sambo ya ji ƙarin bayanin, amma farcen ne ya shiga ransa.

Cikin wata guda ya auna ladan, ya auna mai wankin hula, ya auna duk wanda ya zo yi masa barka da Juma'a. In ka miƙa masa hannu don gaisawa, ba ya saki sai ya danna. Wata rana ya kama hannun Ila mai sayar da ƙanƙara, ya ƙirga har biyar, ya tare Keke mai ƙafa uku zai kai shi asibiti, Ila yana rantsuwa yanzu ya tashi daga kan kwanon tuwo. Sai da Jamila ta faɗa masa a waya cewa hannun da ya yi sanyi dama yana jinkirin maido da ja, sannan ya sallami mai Keken. Tun daga ranar 'yan layi suke kiransa Likitan Farce. Yana amsawa.

Matarsa, Hajiya Halima, ita ce wadda aka fi aunawa, kuma ita ce wadda abin ya fi isa.

A watan Afrilu, lokacin da zafin Kaduna yake hana ko kaji yawo, aka sa bikin 'yar ƙanenta Tijjani a Rigachikun. Hajiya Halima ce babbar gwaggon amarya. Ita ta zaɓi atamfar anko, ita ta tsara masu girki, kuma a ganinta in ba ta je ba to ba a yi biki ba. Ranar Alhamis ta je kamu, ta sha kunun ayar da ya daɗe a rana, ta dawo gida da gudawa. Ba ta gaya wa kowa ba. Ranar Juma'a ta kira mai lalle, ta ce ja take so, na ganye, irin na da, a ƙunsa mata hannu da ƙafa a ɗaure da leda. Awa huɗu ta yi zaune. Da aka kwance, faratanta sun yi ja har sun kusa baƙi.

Safiyar Asabar, ƙarfe tara da kwata, Malam Sambo ya same ta a bakin gado tana ɗaura ɗankwali. Tijjani ya ce motar da zai aiko za ta iso ƙarfe goma. Shayinta yana nan a kofi ba ta taɓa ba, leɓenta ya bushe, kuma ya ga lokacin da ta miƙe za ta ɗauko mayafi sai da ta dafa ƙofar kabad.

"Hajiya, kawo hannunki."

"Bismilla, Malam. Ga su nan duka biyu."

Saurin da ta miƙo su ya kamata ya sa shi zargi. Ta shimfiɗo yatsun a gabansa kamar mai tallar zobe, manyan yatsun a naɗe cikin tafi. Ya kama na tsakiya, ya danne, ya duba agogo, ya saki. Farcen bai yi fari ba balle ya dawo. Ya gwada na kusa da shi. Haka.

"Ja ne kafin ka danna, ja ne bayan ka saki," in ji ta. "Ko rabin daƙiƙa bai ɗauka ba. Duk layin nan babu mai lafiyata."

Ya dubi ƙafafunta. Ta turo su gaba don ya gani da kyau. Mai lallen ba ta yi ha'inci ba.

"Sau goma sha ɗaya kika zaga tun daren Alhamis," ya ce.

"Ikon Allah. Ashe har can kake bina da lissafi."

"Ba binki nake ba. Butar ce take ƙara in an ajiye ta."

"To ka kai butar asibiti."

"Hajiya, tafiyar nan ba ƙarama ba ce, ga rana, ga tsayuwa a kan masu girki. Jikinki babu ruwa."

"Wa ya ce? Wata takwas kana gaya mana farce ne shaida. Ka hana ladan sakat, ka kusa kai Ila asibiti da ƙanƙararsa tana narkewa. To kawo shaidar. In farce ya ce ba ni da lafiya, ni da kaina zan bi ka. In bai ce ba, ka matsa min in sa takalmi."

Maganar Malam Sambo ce aka maido masa ba a rage komai ba. Ya fita tsakar gida ya kira Jamila sau uku. Tana bakin aiki, ba ta ɗauka ba. Ya tsaya kusa da zogalen yana duban agogo. Tara da minti arba'in. Ya san matarsa shekara talatin da takwas. In ta shiga motar nan, ba za ta zauna ba sai an kai amarya ko kuma ta faɗi, duk wanda ya riga zuwa.

Da ya koma ɗakin, wayarta tana ƙara. Ta ɗauka, ta goga fuskar wayar da babban yatsanta na dama, ta kara a kunne.

"Tijjani, ya hidima? Lafiya ƙalau nake. A'a, muryar ce kawai, ka san sanyin fanka. Ka ce kada su ɗora shinkafar sai na zo."

Malam Sambo bai ji sauran ba. Idonsa yana kan yatsan da yake riƙe da gefen wayar. Farcen fes yake, babu ko ɗigon lalle. Ya tuna jiya, tana zaune hannuwa a ɗaure cikin leda, amma wayar ba ta taɓa yin ƙara sau biyu ba a ɗauka ba. Matan biki suna ta kira, kuma Hajiya Halima ba za ta yi awa huɗu ana yanke shawara babu ita ba. Ta sa mai lalle ta tsallake mata yatsa ɗaya.

Ya jira ta gama wayar, saboda ba ya katse wa mutum magana. Tana ajiyewa ya ce, "Ba ni wannan."

Ta dubi yatsan kamar yau ta fara ganinsa. Ta yi niyyar naɗe shi, ta ga ta makara.

"Wannan na waya ne."

"Farce ne. Kin ce farce."

Ta miƙa. Hannun da ɗan sanyi, a ɗakin da shi kansa gumi yake yi.

"Kin taɓa ƙanƙara ko ruwan firji?"

"Ina muka ga wuta balle firji."

Ya ɗaga hannun daidai ƙirjinta, ya juya shi wajen hasken taga, ya danne farcen. Daƙiƙa biyar a agogo. Ya saki. Farcen ya tsaya fari fat. Ɗaya. Biyu. Uku. Sai a ta huɗu jan ya gama dawowa, a hankali, daga gefe.

"Agogonka yana gudu," in ji ta.

"To ki ƙirga da kanki."

Ya sake dannawa. Ta ƙirga a fili, tana jan kowace lamba yadda za ta iya, duk da haka ta kai uku da wani abu. Ta fizge hannunta, ta kama nasa, ta danne farcensa da ƙarfin da ya fi na gwaji. Tana saki jan ya dawo kafin ta rufe baki a kan "ɗaya."

"Shinkafar za su caɓe ta," ta ce.

"Za a ci a haka."

Motar ta iso goma da minti biyar. Direban ya yi mamaki da aka ce Unguwar Rimi za shi, amma ya ga fuskar Malam bai tambaya ba. A hanya ta ɗan kurɓi ruwan gishiri da sukari da Malam Sambo ya haɗa a gora, ta ce ya cika gishiri, ta ƙara kurɓa.

Jamila ta tare su a ƙofar ɗakin jinya. Ta duba harshen uwarta, ta ji bugun jini, ta auna shi, ta ja fatar bayan hannu ta ga yadda take jinkirin kwanciya, sannan ta danna wannan farcen guda. Likita ya zo ya rubuta ƙarin ruwa leda biyu da magani.

"Umma, da kin je cikin ranar nan, a gaban tukunya za a ɗauke ki."

"Ki gaya wa babanki ya daina murmushi."

Jamila ta juya wajen uban. "Baba, tun yaushe ka sani?"

"Tun Alhamis. Sau goma sha ɗaya. Na rubuta lokutan." Ya ciro takarda daga aljihu.

Ta karanta takardar har ƙarshe, ta ninke ta. "Ka ga bakinta a bushe, ka ga tana dafa bango, ka ƙirga goma sha ɗaya, kuma ba ka ba ta ruwan gishiri da sukari ba sai yau. Da ta sa wa yatsan nan lalle fa, sai ka raka ta mota?"

Malam Sambo ya daina murmushin. Hajiya Halima, duk da allurar da ke hannunta, ta gyara kwanciya don ta ji sauran da kyau.

Yinin bikin a waya ta gan shi. Da wannan babban yatsan ta riƙa kira tana ba da umarni daga gado, har ta sa aka sake jera kujerun 'yan'uwan ango. An sallame ta da la'asar. Jamila ta ce in ta kwana lafiya, tana sha tana ci, za ta iya zuwa buɗar kai ranar Lahadi, da sharaɗin ta zauna a inuwa.

Safiyar Lahadi, ta gama shiri, ta zo inda yake zaune ta miƙa masa yatsan ba tare da ya tambaya ba. Ya danne, ya saki. Bai kai biyu ba.

"Ka more," in ji ta, tana saɓa mayafi. "Bikin gaba duka goman za a ƙunsa. In ya so Jamila ta riƙe min wayar."

Malam Sambo ya ce Allah ya kai mu. Bai gaya mata cewa jiya a asibiti, bayan an gama yi masa faɗa, ya tambayi Jamila abin da ake yi in farce ya ɓuya ba. Ta nuna masa ana iya danna cikin leɓe.