Waƙar Hatsi ta Yakuba Mai Gurmi

Zailani ɗan Maradi ne, ma'aikaci a wata jarida ta mako-mako a Yamai, kuma aikinsa sharhi a kan kiɗa da makaɗa. A cikin duk waɗanda ya rubuta a kansu, babu wanda ya ɗauka da girma kamar Yakuba mai gurmi, wani dattijo daga Tahoua da fari ya koro zuwa Kirkissoye, wata unguwar Yamai a ƙetaren kogi, bayan shanun garinsu sun ƙare. Zailani ya daɗe yana ƙetare gada yana zama da shi, yana tattara tarihin rayuwarsa don ya yi littafi. Har Baba yake ce masa.

A shekarar da yunwa ta yi tsanani, Yakuba ya tsara wata waƙa a kan hatsin agaji da ke ɓacewa tsakanin sito da bakin talaka. Zailani ya saurare ta. Ya yi mata dogon sharhi a jarida, ya bayyana yadda gurmin ke yin shiru duk lokacin da aka ambaci yara, ya ce Yakuba bai taɓa yin irinta ba.

Sojojin da ke mulki suka karanta. Aka kira su duka biyun zuwa wani biro, wato ofis, wani kaftin ya tambayi Yakuba wa ya sa shi.

Yakuba bai dubi Zailani ba. Ya ce, "Ranka ya daɗe, ni kiɗa na sani. Kalmomin kuwa mushe Zailani ne ya kawo mini, ya ce in hau su."

Aka sallami tsohon. Zailani kuwa aka tsare shi, daga baya aka raba shi da jarida, aka tura shi koyarwa can arewa mai nisa.

Kafin ya tafi, ya je Kirkissoye. Ya tarar da Yakuba yana gyaran tsirkiya, jikoki zube a tsakar gida.

"Baba, ni na rubuta ta?"

"A'a, ɗana. Tawa ce."

"To me ya sa?"

"Na ga kai kana da ilimi, za ka san yadda za ka fita. Waɗannan fa, wa zai riƙe su?"

Zailani ya jira ko tsohon zai nemi gafara. Yakuba ya ci gaba da ɗaure tsirkiyarsa, sannan ya tambaye shi ko littafin zai fito duk da haka.

Zailani ya sa takalmansa ya fita. Ya yi shekaru a arewa yana koyar da faransanci, kuma da labarin rasuwar Yakuba ya iske shi, bai aika da ta'aziyya ba.