Kalmar Ƙarshe ta Auta

Fanka na ta kukan tsufa a saman zauren kotun ɗaukaka ƙara. Inna ta ƙanƙame benci da hannu biyu, idonta a kan bakin alƙalin tsakiya, ko da yake ba ta gane abin da yake karantawa.

'Ya'yanta biyu ne, Babba da Auta, garejinsu ɗaya. Wata yamma ana tsuga ruwa aka tsinci Auta a bayan garejin, an fasa masa kai da ƙarfe. Mai facin tsallaken titi ya ce ya hango wani dogo cikin rigar kanikanci yana gudu. A asibiti nas ta sunkuya ta tambaye shi, "Wa ya yi maka haka?" Ya motsa leɓe da ƙyar ya ce, "Yaya... Yaya." Bai sake magana ba har ya cika. Da safen ranar kuwa an ji shi da Babba suna cacar baki kan aikin wata mota. Babba ya rantse sayen kayan gyara ya tafi, amma aka yanke masa hukuncin rataya.

* * *

Kafin zaman yau, Inna ta sami lauyan Babba a ofishinsa.

"Ranka ya daɗe, Auta ko ƙaya ya taka, Yaya yake kira. Ni da na haife shi ma ba ya nemana in yana ciwo. Kiransa yake ya zo ya ɗauke shi."

"Na yarda, Inna. Amma wannan kotun abin da aka rubuta take dubawa. Da wuya ta saurari sabuwar shaida."

Ta biya wurin mai faci. Ya kasa ɗago kai daga tayar da yake liƙewa.

"Wallahi, Inna, ƙeya kawai na gani. 'Yan sanda suka yi ta juya ni, shi ne ko ba shi ba ne, har na ce shi ne."

"To je ka faɗa, ɗan nan."

"An ce in na sauya magana ni za a ɗaure. Yarana ƙanana ne."

* * *

Alƙalai suka miƙe. Lauya ya juyo yana tattara takardunsa a hankali.

"Sun kori ƙarar. Sun ce wanda ke bakin mutuwa ba ya ƙarya."

"Ai bai yi ƙarya ba," in ji Inna. "Tambayar ce bai ji ba."

Washegari ta je gidan yari. Babba ya rame, hannayensa sun yi fes, babu ko ɗigon baƙin mai. Bai tambayi hukunci ba, ya riga ya gani a fuskarta.

"Inna, da gaske ni ya kira?"

"Kai ya kira."

Ya jingina goshinsa da ragar ƙarfen da ke tsakaninsu.

"Kuma ban zo ba."

Gandiroba ya buga sanda a ƙofa. Inna ta zura yatsa ɗaya ta ragar, iyakar abin da zai iya shiga ke nan, ta shafa girarsa.