Kwalabe Shida daga Gonar Kawu Siddo

Albasar Kawu Siddo ta fara fari tun kan ganye ya kai kamu. Sau uku ya fesa maganin da ya sayo a kasuwar Malanbil, ƙwarin ko gezau. Gonar nan ta bakin kogi a Tunuga kuwa ita ce cin gidansa na shekara, mutum goma sha ɗaya.

Shi ya sa Zalika, ɗiyar ƙanwarsa, wadda ke aikin teknisiyan ta noma a Gaya, ta hau moto, babur ke nan, ta je. Ta buɗe tsakanin ganye, ga su nan cunkus, sirara kamar ƙaiƙayin gero. Tirips ake ce musu a wurin aikinta. Manomi dai ƙwaro ƙwaro ne a wurinsa, amma waɗannan iri dubbai ne, dangi-dangi. Akwai na albasa da aka saba da shi, akwai wani baƙo da maganin kasuwa ba ya kashewa, nasa daban ne. Ido ba ya raba su. Sai an ɗora su a mikroskop, madubin ƙara girma, an ƙirga gaɓoɓin ƙahonsu: bakwai na gida, takwas baƙo. A Yamai kaɗai ake wannan aiki.

Ta kakkaɓe su a farar takarda, ta ɗebe su da ɗan buroshi cikin ƙananan kwalabe shida masu alkol, sinadarin nan da ke sa giya maye, don shi ke hana su ruɓewa.

"Wane ruwa ne wannan, ɗiyata?" in ji Siddo.

To, ka ji inda abin ya lalace. Mutumin nan shi ya rene ta, shi ke jan salla a unguwa. Yaya za ta buɗe baki ta ce masa alkol? Kunya ta kama ta.

"Ruwan magani ne, Kawu."

Tana da aiki a Yelu, hanya kuma duk ramuka, sai ta bar kwalaben a ɗakinsa, ta ce jibi za ta biyo ta ɗauka. Jibin ta same su a jere, an goge su tas, an naɗe a tsumma mai tsabta. Ko murfi ba ta taɓa ba, ta ba motar Yamai.

Kwana tara tana jira, ganye na murɗewa yana bushewa daga kai. Ran na goma mutumin labo, ɗakin binciken Yamai, ya kira ta da faɗa.

"Madam, wa ya koya miki ajiye ƙwaro a ruwan rijiya? Sun kumbura, sun narke, ƙahon ya kakkarye. Me zan ƙirga? Ki sake ɗebo wasu."

Wasu? Wani kwana goman ke nan, ga zafi ya shigo, albasa ba ta ɗaura kai ba.

Ta iske kawun nata a gona da hantsi, motopom, injin ban ruwa, na ta kwarara ruwa a fangalai da suka koma kalar toka. Bayan gaisuwa ta tambaye shi, a hankali, ko wani ya taɓa kwalaben.

"Ni ne," ya ce, ko ɓoyewa bai yi ba. "Hashimu direba ya shigo gaishe ni, ya shinshina, ya ce abin da ke cikin giya ne. A ɗakin da nake salla, Zalika. Amma ban yi miki ɓarna ba. Da ƙyalle na tace su, ɗaya bayan ɗaya, ko guda bai faɗi ba. Na wanke kwalaben sau bakwai, na zuba ruwa mai kyau."

Wallahi da ya yi sakaci ne da ta sami inda za ta sauke fushinta. Amma tsohon da idonsa ba ya gani sosai, ya zauna yana tsintar abin da bai kai ƙwayar gero ba don kada ya ɓata mata aiki, me za ta ce masa? Haushin kanta ya ishe ta. Kalma ɗaya ta ƙi faɗa.

Ta gaya masa abin da Yamai ta ce, duka. Ya kalli fangalan.

"Da na bar su yadda kika bari, da gonar ta tsira?"

Ta so ta yi masa ƙarya, Allah ya sani ta so. Amma ƙaryar farko ce ta kawo su nan.

"Da rabi ya tsira, Kawu. Laifina ne da ban gaya muku ba."

Ya taka zuwa bakin kogi, ya duƙa, ya kashe motopom ɗin. Ruwan da ke cikin tiyo ya ɗan ƙara gudu, sannan ya tsaya.

"Je ki gida ki gaya wa Ajuma albasar bana ta tafi," ya ce, yana nufin matarsa, bai juyo ba. "Ni ba zan iya ba."