Kiɗan Ƙarshe na Obadiah

"Sake ɗaukowa daga farko, Maman Stella," in ji Obadiah. "Kin yi sauri."

Emilia, wadda ake kira Maman Stella, ta dube shi. Yana jingine da bango a kan katifa, fiyano a cinyarsa, ƙafafunsa sun kumbura har fatar tana sheƙi. Tun da hantsi take roƙonsa su tafi asibiti, shi kuwa sai ya ce saura kaɗan.

Shekara ashirin ya yi tsakanin Jos da Kano yana yi wa finafinai kiɗa. Ba ya cika wuri da ganga. Sarewa ɗaya ta ishe shi, sai muryar mace ƙasa-ƙasa, irin ta matan zumunta na coci a gidan makoki. Da ciwon ƙoda ya kayar da shi bara, ya dawo Kafanchan ya kama ɗaki kusa da na Emilia, bayan tashar jirgi. Wannan fim ɗin shi ne na ƙarshe da aka ba shi, saura waƙa ɗaya ya gama. Emilia yake so ta rera ta, don ita ke ba da waƙa a cocinsu.

Ta matso kusa da makirfo ta fara. Tana tsakiyar baiti ta ji numfashinsa yana ƙara kamar ana jan buhu a kan siminti. Muryarta ta karye, amma ta daure ta kai ƙarshe.

"Na ɓata maka," ta ce. "Don Allah mu tafi. In ka warke zan yi maka sau ɗari."

"Ba ki ɓata ba. Wannan nake nema tun safe." Ya lalubi kwamfuta ya danna da ƙyar. "Ki ba ƙanena Asher kwamfutar nan. Ya san inda zai tura."

Ta fita a guje ba takalmi. Ana ruwa, titi ba kowa. Keke-napep biyu suka wuce ta cike da mutane. Na uku ta shiga gabansa ta ware hannuwa.

"Mama, za ki kashe kanki ne?" in ji direban. Musbahu ne, na layin baya.

"Mai kiɗa ne, Musbahu. Rai a hannun Allah yake."

Su biyu suka ciccibo shi suka sa a keken, ta ɗora kansa a cinyarta. Tana kiran sunansa, tana kiran Yesu, tana ce wa Musbahu ya ƙara wuta. Yatsun Obadiah suna motsi a kan gwiwarta, ɗaya bayan ɗaya. Suna tsallake layin dogo yatsun suka daina motsi.

Ta jijjiga shi. Ta sake jijjiga shi.

Musbahu ya waiwayo, ya gangara gefen titi ya tsaya. Ya yi salati a hankali, ya cire hularsa.

"Mu ƙarasa asibitin, Mama?"

Ta gyaɗa kai. Ya ja keken sannu-sannu yana kauce wa ramuka, ita kuma ta tallafe kan da hannu biyu, ta juya bayanta ga inda ruwa ke shigowa.