Gidan Atika Mai Awara

Duk wanda ya san Tudun Wada ya san ba a neman gida da lamba. Sai dai a ce ka wuce mai faci, ka karya kwana a gindin durumi, ka tambayi gidan wance mai kaza. A kan wannan Zinariya ta gina manhajarta ta farko, Kwatance, mai nuna wa masu keke da acaɓa inda za su kai saƙo. Ita ta rubuta manhajar, ita kuma ta yi shekara biyu tana shiga gida-gida tare da mata shida da ta ɗauka aiki, domin inda aka rubuta "ba shiga" mace ce kaɗai ke jin wa ya tashi, wa ya tare, wace ce ta bar koko ta koma ɗanwake.

Abokin aikinta Yusha'u a jami'a, harabar Kongo, ya karanta harkar kasuwanci, don haka shi ke riƙe da takardu da baki. Ofishinsu zauren mahaifiyarta ne, Inna Atika mai awara. Nan yake wuni yana cin awara da yaji kyauta, yana kiranta Innarmu.

Ranar da masu kuɗi suka zo daga Legas, ya nuna Zinariya da hannu ya ce wannan ce yarinyar da ke tara musu bayanai. Ta ɗauka suɓutar baki ce. Ashe tun wurin rajista sunansa kaɗai ya sa. Kafin wata uku ya kwashe kamfanin zuwa Abuja, ya sallami matan shida, wai taswirar tauraron ɗan'adam ta wadatar.

Zinariya ba ta cikin masu cewa sun bar wa Allah alhali ciki na tafasa. Ta tsane shi, ta kuma san ta tsane shi, ba ta taɓa neman maganin abin ba. Da wannan zafin ta kafa kamfani na biyu, mai haɗa manoman tumatir da motocin sanyi, ta raine shi shekara biyar ta sayar. Daga nan ta shiga sahun masu zuba jari a kamfanoni tun suna rarrafe. A tsakanin nan Inna ta rasu. Har mai facin bakin layi ya zo gaisuwa, amma Yusha'u ko saƙon waya.

Tun daga lokacin ta kan buɗe Kwatance ta nemi gidansu. Layin da ta rubuta da hannunta yana nan yadda ta bar shi: "Gidan Atika mai awara, bayan durumi. Yi sallama, tana nan bayan la'asar."

Sai ga wasiƙar Yusha'u bana. Kamfanin ya durƙushe, masu keke sun gaji da kai kaya gidajen da masu su suka tashi tun tuni, na Legas sun janye. Yana neman ƙungiyarsu ta mutum uku ta tallafe shi: ita, da Alhaji Mika'ilu mai sayar da taki, da Madam Beatrice ta unguwar Hanwa. In suka ƙi, sai rufewa. A ƙasan wasiƙar har da "a gaida Innarmu".

Ta karanta wurin sau uku, sannan ta kira abokan nata ta ce tana da sharaɗi ɗaya: kada a zauna a otal, ya ɗauko su biyun a motarsa, manhajarsa ta kawo su gidan Inna bayan la'asar. Ba ta yi musu ƙarin bayani ba, shi ma ba ta gaya masa komai ba.

Durumin an sare shi lokacin aikin kwalbati, gaban gidan ya zama shaguna, mai faci ya koma tsallake. Sau uku motar ta wuce ƙofar. Zinariya na zaune a zaure tana kallonsu ta labule, ba ta motsa ba. Daga ƙarshe Yusha'u ya fito da gumi, ya tari Lauratu, shugabar matan nan da ya kora, bai ma gane ta ba. Ta nuna masa ƙofa da haɓa.

Ya shigo da fara'arsa ta 'yan kasuwa, turmin atamfa a hammata. Ya durƙusa a bakin ƙofar cikin gida, ya ɗaga murya yadda baƙin za su shaida kusancinsa da gidan.

"Salamu alaikum, Innarmu! Ɗanki ne ya dawo cin awara."

Alhaji Mika'ilu, wanda da shi aka ɗauki makarar, ya sunkuyar da kai. Zinariya ta dubi Yusha'u ido cikin ido ta ce:

"Yusha'u, shekarar Inna uku a ƙasa. Duk Tudun Wada manhajarka ce kaɗai ba ta sani ba. Sai kai."

Bai ko buɗe kwamfutarsa ba. Madam Beatrice ta ce ita ta ga abin da ta zo gani. Zinariya ta ƙara da cewa jarinsu na bana kamfanin Lauratu za shi, wanda matan nan shida suka kafa, kuma su ƙafarsu ba ta daina shiga gidaje ba. Ya buɗe baki zai yi ta'aziyya, ta miƙa masa atamfarsa ta ce an share makoki tuntuni.

Ta ji daɗi, daɗi sosai, ba za ta yi ƙarya ba. Bayan kowa ya watse ta zauna a kan dakalin da Inna ke ɗora kasko, ta buɗe Kwatance don ta ƙara kallon shaidarta. Ashe kafin Yusha'u ya bar layin ya yi gyaran da ya gagare shi shekara uku. Manhajar ta ce ba a sami wannan gida ba.

Ta sake rubuta sunan, ta sake. Sai a lokacin ta gane abin da ke kai ta wurin kullum. Nan ne kaɗai ya rage a duniya inda ake cewa Inna tana nan bayan la'asar.