Kan Ragon Dada

Wani dare Rabo mai gashin nama ya ji ƙara a bayan katangarsa, ƙis-ƙis-ƙis, kamar ana tauna tsakuwa. Ya kasa kunne. Sarƙar babur ce, ana tura shi ba a tayar ba. A Kurfi kuwa, mai tura babur cikin duhu ba baƙon alheri ba ne.

Rabo a gindin wuta ya tsufa. Tun yana saurayi yake banƙare rago a jikin sanda, ya jingina shi da wuta. Ba ya taɓa gawayi, sai itacen marke, wai shi ne mai magana. Yakan karkata kunne ga garwashi ya ce, "Wuta ta ce a juya." Daga Kurfi har Dutsin-Ma, bikin da ba a ɗauko shi ba, ba a daɗe ana labarinsa.

Sunan nan ne ya ja masa. Mutum biyu suka diro tsakar gida da bindigogi. Matarsa Rekiya tana Dutsin-Ma wajen 'yarsu.

"Baba, an yi wa maigidanmu haihuwa," in ji ɗaya. "Gashinka yake so."

Suka ɗaure masa ido, suka ɗora shi a babur.

Da rana ta fito a daji, aka jawo masa farin rago, ƙahon hagu a karye. Ragon Dada ne, tsohuwar da suke katanga ɗaya. Tare da ɗanta Mamuda aka kwashe shi a gona, har yau shiru. Rabo ya saci kallon bukkoki, bai hango Mamuda ba, bai kuma tambaya ba. Ranar nan, wuta ba ta ce masa komai ba.

Suka ci, suka lashe yatsu. Da za a mai da shi, wani ya miƙo masa buhu yana dariya.

"Kai da ƙafa na mai gashi ne, Baba. Mu ma mun san al'ada."

Hannunsa ya karɓa, yadda ya saba karɓa a kowane biki. Sai da suka sauke shi a bayan gari da asuba ya gane abin da ya rungumo. Duk wanda aka ce ya yi wa mutanen daji hidima, 'yan sa-kai ba sa jiran bayaninsa. Ga bencinsu a bakin lungu. Ya bi ta baya, ya tura buhun bayan randa, da niyyar binnewa in ya ɗan huta. Barci ya kwashe shi.

Ƙaurin babbaka ne ya tashe shi. Rekiya ta dawo da motar safe, ta ga buhu kamar kullum.

"Malam, ka yi aiki ba ka ce ba? Da sai ya lalace!"

"Sauke shi, Rekiya! Rufe!"

Aka yi sallama. Dada ce da ɗan kaskonta, ta zo ɗibar wuta, don duk lungun a gidan Rabo ake ɗiba. Ta duƙa gaban murhu. Ta daɗe a duƙe. Ta kai yatsa ta shafa karyayyen ƙahon, ko zafinsa ba ta ji ba.

Daga waje ana jiyo hirar 'yan sa-kai.

Ta ɗago kai, ta yi ƙasa da murya.

"Rabo, tunda ka ga ragona, ka ga Mamuda?"