Gangar da Mang Doroy bai buga ba

Saura kaɗan in fasa rubuta wannan, don a aji huɗu na tsaya, kuma har yanzu ban tabbatar na gane abin da ya faru ba.

Gasasshiyar ayaba nake sayarwa a kan gadar garinmu, mu tara ne mata a wurin. Ranar Asabar, a bikin waliyyin gari, Magajin Gari Abellera ya hau dandamali ya ce duk wadda ya tarar a kan gada ranar Litinin zai tura ta kogi, ita da murhunta, kifaye ma su ɗanɗani ayaba. Aka yi dariya, amma rabin dariya, kowa na waiwayen Mang Doroy.

Mang Doroy shi ne mai gangar 'yan badujala. Shekara goma sha biyu ke nan, in Magajin Gari ya yi barkwanci sai ya daki ganga sau biyu, kowa ya saki jiki. In bai daka ba, to umarni ne. Da haka muka san maganar kama karnuka gaskiya ce, ta yi wa kasuwa rufi kuwa wasa. A ranar ba mu ji ganga ba.

Kafin yamma maganar ta cika wayoyin mutane. Lahadi da safe Magajin Gari ya shiga rediyo ya ce wasa yake yi, mutanen birni ne ba su san raha ba. Tiya Pasing, ƙanwar babata, ta ce shi ke nan, magana ta ƙare. Ate Luming mai kifi ta ce ai babu ganga a rediyo, wa ya sani ko "wasa nake yi" ɗin shi ne wasan? Kaina ya ɗaure. Murhun nan babana ya ƙera kafin ya rasu, da shi muke ci.

Da aka taso daga coci na je gidan Mang Doroy. Ina tsaye a bakin ƙofa ya gan ni. Na ɗora bayan hannunsa a goshina, yadda muke gaida manya.

"Ineng," ya ce, don haka yake kiran 'yan mata, "ayaba kika kawo ko tambaya?"

Na tambaye shi, ina kallon ƙasa, me ya hana shi dukan ganga ranar Asabar. Ya ce sandar na hannunsa, har ya ɗaga, sai ya ga bakin Magajin Gari yana dariya amma ido bai yi ba. Kafin ya yanke shawara mutumin ya koma maganar kwalbati. Na ce to da can yaya yake ganewa?

"Ni ma cinka nake yi, 'yar nan. Wani lokaci ina ganin shi ma gangata yake jira ya ji ko wasa ya yi."

Washegari, Litinin, da sassafe na ɗauki murhuna na ajiye shi a ƙarshen gada, ƙafa biyu a kan simintin gada, biyu a kan ƙasa. Na ɗaure shi da igiya a jikin turken fitila, na hura gawayi, na zauna ina fuskantar hanyar ofishin Magajin Gari.